A Sa Gishiri Kafin Wuta, Amma A Yi Hattara Da Zafin Garinmu

Daga Wakilinmu na Arewa, Potiskum

Yau zan jingine maganar siyasa da ta tsadar kayan masarufi, in ɗauko wata magana wadda na san wasu za su ce ta matan gida ce da mahauta, ba ta shafin jarida ba. Maganar kuwa ita ce ta jiƙa kaza cikin ruwan gishiri kafin a ɗora ta a wuta. Ina roƙon mai karatu ya yi haƙuri ya bi ni har ƙarshe, domin na ga abin da ya sa na ce lalle sai an yi wannan magana a bainar jama'a.

Kwanakin baya, ana tsakiyar bazara, aka yi walimar aure a wani gida a unguwarmu, a nan Potiskum. Ƙannen amarya, 'yan mata masu son a yaba musu, suka ce ba za a kai kajin wajen mai gashi ba, su za su yi da kansu bisa wata dabara da suka gani a waya. Tun la'asar ɗin jajibere aka yanka kajin, aka fige, aka gyara, aka zuba su cikin manyan robobi biyu da ruwan gishiri da tafarnuwa da citta, aka rufe da faifai aka tura ƙarƙashin rumfa. Firijin gidan kuwa ya kwana biyu bai ga wuta ba. Sai washegari da hantsi aka tsame su aka gasa. Na ci, kuma ba zan ɓoye ba, rabona da gasasshiyar kaza mai laushi irin wannan har na manta. Amma kafin magariba gida ya rikice da amai da gudawa. Ni kaina kwana na yi ina zarya, wata dattijuwa da yara biyu kuwa sai da aka kai su asibiti aka ƙara musu ruwa. Allah ya taƙaita, ba a rasa rai ba.

Da ƙura ta lafa sai mutanen unguwa suka rabu biyu. Dattawa suka ce ga irin abin da kwaikwayon Nasara ke jawowa, a bar wannan sabon salo. 'Yan matan kuma suka ce ba ruwan dabararsu, wai kambun baka ne, ko kuma zoɓon da aka sha. A ganina dukkansu sun kauce. Dabarar mai kyau ce, ya kamata ma masu gashinmu su koye ta. Abin da ya ɓata ta shi ne an ɗauko ta daga ƙasar sanyi an kawo ƙasar zafi ba a tambayi sharaɗinta ba. Sharaɗin nan kuwa guda ɗaya ne tak, watau sanyi.

INDA DABARAR TA FITO

Mutanen Amurka suna da wani bikin godiya da suke yi ranar Alhamis ta huɗu ta watan Nuwamba, inda kusan kowane gida yakan gasa talotalo ɗungurungum. Mutanen Ingila su ma haka suke yi da Kirsimeti. Talotalo kuwa babban tsuntsu ne, ɗaya yakan kai kilo 5 har zuwa 10, sai ya yi awa 3 ko 4 cikin tanderu kafin ya nuna. Ƙirjinsa ba shi da kitse, kuma yana riga cinya nuna, saboda haka kafin cinya ta yi, ƙirji ya bushe ya zama kamar ƙirare. Domin maganin wannan ne suke jiƙa shi cikin ruwan gishiri ya kwana. To, amma a lura, a ƙasashen nan Nuwamba da Disamba lokacin ɗari ne, kuma firijin gida ba ya hutawa dare da rana. Hukumomin lafiyarsu kullum suna nanata cewa tsuntsun ya zauna cikin sanyin da bai wuce digiri 4 ko 5 ba har a tsame shi. Wannan jimla ita ce ta faɗi a hanya kafin dabarar ta iso unguwarmu.

Me ya sa ruwan gishiri ke hana nama bushewa? Ba tsafi ba ne. Tsokar nama wajen kashi 70 cikin 100 ruwa ce. Idan wuta ta taɓa ta sai zaruruwan tsokar su takure, su matse ruwan waje kamar yadda ake matse tsumma, har naman ya yi asarar kusan kashi ɗaya cikin huɗu na nauyinsa. Wannan ruwan ne muke ji yana ɗiga cikin garwashi yana cuwat-cuwat. Idan gishiri ya riga ya ratsa tsokar, sai ya sassauta zaruruwan, ba za su iya takurewa sosai ba, ga shi kuma naman ya sha ruwa ya ƙara nauyi tun kafin a ɗora shi. Saboda haka ko da wuta ta ci rabonta, sai ta bar wa mai ci nasa. Bugu da ƙari ɗanɗanon yakan kai har ƙashi, ba ya tsayawa a fata kawai.

Wanda ya ce haɗa nama da gishiri kafin wuta baƙon abu ne a ƙasar Hausa, bai tsaya ya duba gidansu ba. Mai kilishi yakan shanya nama, ya tsoma shi cikin labu mai tunkuza da gishiri da kayan yaji, ya sake shanyawa, sa'an nan ya kanga shi a wuta. Iyayenmu mata sukan barbaɗa wa naman layya gishiri su rataye shi ya sha iska kafin suya. Shekaru aru-aru ayarin raƙuman Buzaye ke sauko da kantun gishiri daga Bilma, ga kuma mangul da ke zuwa daga ƙasar Manga, arewa da kogin Yobe. Yahudawa ma, bisa ƙa'idar addininsu, sukan jiƙa nama su rufe shi da gishiri kamar awa guda domin ya zuƙe jini, sa'an nan su ɗauraye. Watau gishiri da nama tsofaffin abokai ne. Sai dai a lura da hikimar kakanninmu: a ƙasar zafi sun haɗa gishiri da iska da rana, domin nama ya bushe. Ba su haɗa shi da ruwan da zai kwana a roba ba.

ABIN DA YA SA MUKE BUKATARTA

Wani zai ce, to tun da kakanninmu ba su jiƙa ba, mu me ya kai mu? Amsa ita ce kazar da suka gasa ba ita muke gasawa ba. Kazar gida takan yi wata 5 ko 6 tana tone-tone kafin ta isa yanka, namanta ja ne mai ƙarfi, yana jure wuta. Kazar gidan gona kuwa, wadda ta cika teburan masu gashi, mako 6 zuwa 8 ake kiwonta, ƙirjinta fari ne mai kauri, ba ɗanɗano, kuma da an ɗan wuce da ita a wuta sai ta koma kamar audugar katifa. Halinta ɗaya da na talotalon Turawa, maganinta kuma ɗaya. Zabo ma, da yake ba shi da kitse, yana amfana da gishirin da aka sa masa da wuri.

Potiskum gari ne na nama da matafiya. Nan hanyar Kano zuwa Maiduguri ta haɗu da hanyoyin Bauchi da Gombe da Gashuwa. Kasuwar shanunmu tana cikin mafiya girma a Afirka ta Yamma, manyan motoci kuma daga nan suke lodin dabbobi zuwa Kudu. Da magariba ta yi, sai ka ga fitilun masu tsire da balangu da kaji sun jeru a bakin titi, direbobi da fatake da 'yan kamasho suna tsaye suna jira. Mai gashi yakan ɗora kajinsa tun da yamma, wata sai ƙarfe goma na dare za a saye ta, ta sha ɗumame sau uku ko huɗu. Kafin ta isa hannun mai saye ta bushe ƙayau, sai a lulluɓe aibinta da man gyaɗa da yaji.

Na zauna da wani dattijon mai gashi wanda ya girmi mahaifina a sana'a, na kawo masa wannan magana. Ya yi dariya ya ce, "Yaro, kai da alƙalami aka san ka. Mu gishirinmu cikin yaji yake, kowa ya ɗiba daidai bakinsa." Na ce, "Baba, a yi mini afuwa, a gwada da kaza biyu kawai." Ya tsaga su ya baje kamar yadda ya saba, ya shafe ɗaya da gishiri ya ajiye ta a inuwa rabin awa yana hura wuta, ɗayar ya bar ta haka nan. Da suka nuna ya yanki ƙirjin kowace ya ɗanɗana, ya yi shiru, can ya ce, "To, ba laifi." Wanda ya san mahauta ya san wannan kalma daga bakinsu ba ƙaramin yabo ba ce.

Akwai kuma wani dalili. Hukumar NAFDAC ta gargaɗi masu sayar da abinci da su daina jefa ƙwayar farasitamol cikin tukunya domin nama ya yi saurin laushi, saboda idan ta dahu takan rikiɗe ta zama abin da ke lahanta hanta da ƙoda. Duk wanda ke neman laushin nama, ga gishiri nan mai araha, halal, ba ya bukatar shiga kantin magani. Amma a faɗi gaskiya, gishiri ba ya mayar da tsohuwa yarinya. Tsohuwar kazar ƙwai wadda ta shekara ɗaya da rabi tana saka, jijiya ce ta yi mata yawa, ita kuwa jijiya sai doguwar dahuwa. Irin wannan kaza ta farfesu ce, kada a wahalar da garwashi.

INDA HAƊARIN YAKE

Yanzu bari mu koma kan robobin nan biyu na gidan biki. Ɗanyar kaza, komai tsabtar wanda ya yanka ta, tana ɗauke da ƙwayoyin cuta a fatarta da cikinta, hannun mai gyara ma yana ƙara nasa. Ƙwayoyin nan suna barci cikin sanyin da bai kai digiri 5 ba, suna mutuwa cikin zafin da ya wuce digiri 60 in an daɗe, amma tsakanin nan biyu kasuwarsu ke ci. Idan suka sami ɗumi da laima, kowace takan rabu biyu cikin minti 20. Mai karatu ya ɗauki alƙalami ya lissafa: ƙwaya ɗaya tak, cikin awa 7, ta haura miliyan 2. A Potiskum kuwa, a watannin Afrilu da Mayu zafin rana yakan wuce digiri 40, dare ma ba ya sanyi. Kajin bikin nan sun fi awa 15 cikin ruwan ɗumi. Ba jiƙo aka yi ba, kiwon cuta aka yi.

Hujja ta farko da 'yan matan suka kawo ita ce ai gishiri yana kashe cuta. Gaskiya ne gishiri mai yawan gaske, irin wanda ake adana kifi ko fata da shi, yana hana ruɓa. Amma wanda ake sa wa ruwan jiƙo kaɗan ne, wajen kashi 5 cikin 100, bai isa ya kashe komai ba. Hasali ma akwai wata ƙwayar cuta da ke zaune a hanci da fatar mutane masu lafiya, wadda gishiri ba ya damunta ko da ya ninka haka.

Hujja ta biyu ita ce ai wuta tana ƙone komai. Wannan ita ce maganar da ta fi yaudarar mutanenmu. Wuta tana kashe ƙwayar cutar, amma ita wannan ƙwaya da na ambata, idan ta yi yawa takan zubar da dafi cikin naman, dafin kuwa gashi ba ya lalata shi. Ba ya wari, ba ya sauya launi, ba ya sauya ɗanɗano. Shi ya sa kazar ta yi daɗi a baki, bayan 'yan awoyi kaɗan ciki ya juya. Wanda ya kashe maciji bayan ya yi sara bai cire dafin daga jiki ba.

Kada a ɗauka ciwon ciki wasa ne. A shekarar 2015 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kowace shekara mutum miliyan 600 ke kamuwa da ciwo saboda gurɓataccen abinci, 420,000 kuma suna mutuwa, daga ciki 125,000 yara ne 'yan ƙasa da shekara 5. Nahiyarmu ta Afirka ce ta fi kowace ɗaukar nauyin wannan bala'i gwargwadon yawan jama'arta. Babba mai ƙarfi zai yi zarya kwana ɗaya ya miƙe, amma jariri da tsoho da mai juna biyu, ruwan jikinsu na iya ƙarewa kafin a isa asibiti. Garin neman ƙiba kada a samo rama.

Wata baiwar Allah ta ce mini ita cikin randa take sa nata, ai randa da sanyi. Randa tana sanyaya ruwan sha, babu shakka. Har ma wani malami ɗan ƙasar nan, marigayi Mohammed Bah Abba, wanda ya koyar a Dutse ta Jihar Jigawa, ya sami lambar yabo ta Rolex a shekarar 2000 saboda yaɗa dabarar sa tukunya cikin tukunya da jiƙaƙƙen yashi a tsakani, domin adana tumatir da yalo da alayyafo. Aikinsa ya taimaki manoma ƙwarai. Amma sanyin tukunya bai kusa da digiri 5 ba. Ya ishi kayan lambu, bai ishi ɗanyar kaza ba.

YADDA YA KAMATA A YI

To, mene ne abin yi? Ga shawarata, kuma na kasa ta gida biyu, gwargwadon halin da mai gida yake ciki.

Wanda ke da tabbacin sanyi, watau firiji mai aiki da hasken rana ko janareta, ko kuma kula mai murfi da ƙanƙara wadatacciya, shi ne zai yi jiƙo. Ma'auninsa shi ne giram 50 na gishiri cikin lita ɗaya ta ruwa mai tsabta. A saukaƙe, ledar fiya wata 2 da cokalin cin abinci 3 na gishiri, a shafe kan cokalin kada a yi tozo. Kaza guda matsakaiciya za ta ci leda 4 da cokali 6. In an yanyanka ta, awa 1 zuwa 2 ya isa. In ɗungurungum ce, awa 4 zuwa 6. Wuce haka sai naman ya yi zartsi ya yi lagwada. Idan an dafa ruwan domin kayan ƙamshi su fita, a bari ya huce sarai ya yi sanyi kafin a sa kaza. Idan da ƙanƙara za a yi, a bar ta cikin ledarta a ƙulle, kada ta narke ta tsinka ruwan gishirin, kuma a riƙa dubawa: muddin ƙanƙara ta ƙare, lokaci ya ƙare. Bayan an tsame, a tsane kazar da tsumma mai tsabta domin fatar ta soyu, ruwan kuma a zubar da shi nesa da inda ake wanke-wanke. Ba a maimaita shi ga wasu kajin, ba a sa shi a miya.

Wanda ba shi da tabbacin sanyi, kuma mu ne mafiya yawa, ya manta da jiƙo, ya yi shafe. A yanka kaza lokacin da ake shirin hura wuta, ba jajibere ba. A tsaga ta a baje, ko a yanyanka, a shafe ta ciki da waje har ƙarƙashin fatar ƙirji da ƙaramin cokalin shayi 2 na gishiri ga kaza mai kilo ɗaya da rabi. A rufe ta daga ƙuda, a ajiye a inuwa minti 30 zuwa 45, sa'an nan sai wuta. Masana lafiyar abinci sun ce kada ɗanyen nama ya wuce awa 2 a waje, in kuwa zafin gari ya haura digiri 32, to awa 1 ne iyaka. Mu nan kusan rabin shekara cikin wannan hukunci na biyu muke. Ba zan ce shafen rabin awa ya kai jiƙon awa 6 laushi ba, amma ya fi babu nesa ba kusa ba, kuma ba ya kai kowa asibiti.

Ko wace hanya aka bi, kaza ba ta nuna ba sai zafin cikin cinyarta ya kai digiri 74. Wanda ba shi da ma'auni ya soka wuƙa a gindin cinya kusa da ƙashi: in ruwan da ya fito fari ne garau, kuma naman ba ja, ta yi. In da jini-jini, a mayar. Har wa yau, wuƙa da katakon da suka taɓa ɗanyar kaza kada su taɓa gasasshiya, balle albasa da tumatir da kabejin da za a ci ɗanye, sai an wanke su da sabulu.

GISHIRI DA HAWAN JINI

Akwai masu cewa, a lokacin da likitoci ke kukan hawan jini ya yi yawa, ya za a yi ɗan jarida ya zo yana tallan gishiri? Wannan tambaya ce mai nauyi, ba zan kauce mata ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya ci gishirin da ya kai giram 5 a yini, watau ƙasa da cokalin shayi guda, har da wanda ke cikin miya da burodi da komai. Mu kuwa mun san yadda ake yi: a sa gishiri a yaji, a daka magi a ciki, shi kuma magi kusan rabinsa gishiri ne, a barbaɗa a kan kaza, a ƙulla wani a takarda domin dangwale.

Abin da nake kira gare shi ba ƙari ba ne, sauyin wuri ne. A ɗauke gishirin daga cikin yaji a kai shi cikin nama. Idan kaza ta sha gishirinta tun kafin wuta, to yajinta ya zama barkono da citta da masoro da kanumfari da ƙuli-ƙuli kawai, ba gishiri, ba magi. Wanda ya jiƙa kuma ya barbaɗa, ya ci gishiri biyu, laifin nasa ne. Mai hawan jini ko ciwon ƙoda wanda likita ya hana shi gishiri, shi kam ya bi maganar likitansa, ya bar tawa. Kuma a yi amfani da gishirin leda mai sinadarin aidin, wanda dokar ƙasar nan ta wajabta tun 1993 domin maganin maƙoƙo. Mangul da kanwa suna da ɗaci da bauri, ba na wannan aiki ba ne.

KIRA GA MASU SANA'A DA HUKUMA

Kowace dabara mai kyau tana da ɓarayinta. Tun da kazar da aka jiƙa tana ƙara nauyi, marar tsoron Allah mai sayar da kaji a kan sikeli zai iya sayar wa mutane ruwa da kuɗin nama. A ƙasashen Tarayyar Turai doka ta tilasta a rubuta a jikin kunshi idan ruwan da aka ƙara wa nama ya wuce kashi 5 cikin 100. Mu a nan ba mai rubutawa, sai dai tsoron Allah, kuma kowane Musulmi ya san abin da Suratul Muɗaffifina ta tanadar wa masu tauye awo. Haka nan mai gashin da zai tsoma kwantan kazar jiya cikin ruwan gishiri da tafarnuwa domin ya kashe warinta, wannan algus ne, kuma wasa ne da rayukan matafiya waɗanda ciwon zai kama su a tsakiyar daji tsakanin nan da Damaturu ko Azare.

Saboda haka ina kira ga Sarkin Fawa da shugabannin ƙungiyar mahauta da masu gashi na Potiskum da su tara yaransu su yi musu bayani. Su ne suka san wanda ke da kula da ƙanƙara da wanda ba shi da ita, maganarsu kuma ta fi ta kowane jami'i shiga kunne. Ina kira ga sashen lafiya na ƙaramar hukuma da ya riƙa tura ma'aikatan duba-gari wuraren gashi da yamma, lokacin da ake aikin, su koyar kafin su ci tara. Dattawa suna ba mu labarin zamanin En'e, kafin gyaran ƙananan hukumomi na 1976, sa'ad da duba-gari ke leƙa har cikin randa. Ba mu ce a dawo da bulala ba, amma a dawo da sa ido. Malaman makarantun Islamiyya na matan aure su ma suna da rawar takawa, domin yawancin girkin biki a hannun ɗalibansu yake.

Ku kuma 'yan matanmu, ban ce ku daina koyon sabon abu ba. Neman sani ba laifi ba ne, kuma kazarku ta yi daɗi, na shaida. Amma duk dabarar da kuka gani daga wata ƙasa, ku tambayi kanku: me suke da shi a can wanda ba mu da shi a nan? Ku kuma iyaye, kada ku yi wa abin kuɗin goro ku ce duk na Nasara ne. Ku karɓi mai amfani, ku gyara shi daidai da garinku, kamar yadda kuka karɓi shayi da burodi.

Ga Babbar Salla da bukukuwan aure kullum suna tafe, ga 'yan'uwanmu Kirista na garin nan da na Kudu masu yanka kaji da talotalo da Kirsimeti. Kowa ya riƙe wannan: in da ƙanƙara a jiƙa, in babu a shafa a gasa nan take. Rigakafi ya fi magani.

Allah ya ba mu lafiya da zama lafiya, ya tsare mu da abin da za mu ci ya ci mu. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Wassalam.